Wanda Ya Mayar da Jiya Ya Ci Amanar Mai Karatu

A cikin dukan nau'o'in tsafin da marubutan almara suka ƙaga, babu wanda ya kai tsafin juya lokaci haɗari ga labarin da aka saka shi a ciki. Takobi mai aman wuta, zobe mai ɓatar da mutum, tsintsiya mai tashi sama, duk ƙarfi suke ƙara wa jarumi a kan abin da ke gabansa. Shi kuwa ɗalasimin da ke mayar da hannun agogo baya, iko yake ba shi a kan abin da ya riga ya auku, wato a kan shafukan da mai karatu ya gama karantawa, ya ji tsoro a cikinsu, wataƙila har ya zubar da hawaye. Marubucin da ya kashe mutum a babi na ashirin, ya bar ka ka yi makoki, sannan ya zaro wani ɗan agogo a babi na ashirin da biyu ya ce mutuwar ba ta faru ba, ya karɓi kuɗinka ne ya miƙo maka jabun kaya. Zamba nake kiran wannan, kuma ban ga dalilin sassauta kalmar ba.

Na san amsar da ke jira na, don na sha jin ta daga bakin mutane masu ilimi: malam, ai tatsuniya ce, ƙarya ce tun daga tushe, wanda ya yarda yaro na tashi a kan tsintsiya me zai sa ya tsaya neman doka a wajen agogo? Zan zo kan wannan. Kafin nan bari a fahimci fagen. Hukuncin sihiri a shari'a na malamai ne, kuma babu mai hankalin da ke zaton akwai wata sarƙar wuya da ke komar da mutum jiya. Maganarmu ta sana'ar ba da labari ce, da alƙawarin da ke tsakanin mai bayarwa da mai sauraro. Misalin da zan kafa hujja da shi kuwa shi ne ɗalasimin juya lokaci da ya fi kowane shahara a zamaninmu, na duniyar Harry Potter, saboda shi kaɗai ya ishe mu ganin fuskokin abin biyu: an yi shi daidai a 1999, an kuma ɓata shi a 2016.

A littafi na uku na jerin, wanda J.K. Rowling ta fitar a 1999, Hermione Granger ta ɗauki darussa fiye da yadda jadawalin makaranta zai iya ɗauka, har wasu suna faɗowa a sa'a guda. Malamarta, Farfesa McGonagall, ta yi ta rubuta wa Ma'aikatar Tsafi takardu har aka amince a ba yarinyar wani ɗan ƙaramin agogon yashi da ke rataye a sarƙa. Sunansa a littafin Time-Turner, mu ce majuyin lokaci. Juyi ɗaya, sa'a ɗaya baya. Daga baya marubuciyar ta yi bayani a shafinta na Pottermore cewa gilashin mazubi ne kawai. Ainihin abin wani ɗalasimi ne na mayar da sa'a, wanda ba shi da tabbas idan aka sake shi haka nan, shi ya sa aka kulle shi a cikin agogon don a iya sarrafa shi.

Shekara guda cur wannan gagarumin iko yana wuyan 'yar makaranta, kuma abin da ta yi da shi shi ne halartar aji. Har ma ya zame mata wahala. Kwananta ya fi na kowa tsawo, barci ya gagare ta, ta yi ta faɗa da ƙawaye da abokai, wata rana ta ɓingire da barci darasi ya wuce ta, a ƙarshen shekara kuma ta mayar da abin da hannunta ta ce ta gaji. Sai a daren ƙarshe aka yi amfani da shi a kan abin da ya shafi rai. An yanke wa wata dabba mai suna Buckbeak, rabinta mikiya rabinta doki, hukuncin kisa. An kuma kama Sirius Black, aminin mahaifin Harry wanda aka ɗora wa laifin da bai aikata ba, ana shirin miƙa shi ga dodannin kurkukun Azkaban su zuƙe masa ruhi. Shugaban makaranta, Dumbledore, ya yi wa Hermione ishara da juyi uku. Yaran biyu suka koma sa'o'i uku baya, suka kwance dabbar, suka hau ta suka fitar da Sirius ta taga.

Wanda ya karanta da gaggawa zai ce to ai ga shi nan, an kashe dabba an dawo da ita, me ya raba wannan da zambar da kake kuka da ita? Abin da ya raba su shi ne ba a taɓa kashe ta ba. Koma ka duba wurin. A zagayen farko yaran ba su ga kisan da idonsu ba. Ƙarar gatari suka ji daga nesa, sannan suka ji kukan Hagrid, mai dabbar, sai suka yanke hukunci, mu ma muka yanke tare da su. A zagaye na biyu muka gane cewa haunin ya tarar da dabbar ta ɓace ne, haushi ya sa ya kai wa shinge sara, kukan Hagrid kuwa na murna ne. Gatarin ɗaya ne, kukan ɗaya ne, babu ƙwayar yashi ɗaya da ta sauya wuri. Saninmu ne ya ƙaru.

Haka abin yake a bakin tafki, inda littafin ya kai ƙololuwarsa. A zagayen farko dodanni sun yi wa Harry da Sirius ƙawanya, sai wani daga can ƙetaren ruwa ya aiko da haske mai siffar namijin barewa ya kore su. Harry ya hango mutumin dishi-dishi kafin ya suma, ya ɗauka mahaifinsa ne da ya mutu tun yana jariri. A zagaye na biyu ya laɓe a wannan ƙetaren yana jiran uban ya bayyana. Ya yi ta jira, dodanni na ƙara matsawa kan yaron da ke kwance can, babu wanda ya zo. Sai ya gane kansa ya gani. Ya fito ya yi aikin da a da ya gagare shi, kuma abin da ya ba shi ƙarfin hali shi ne ya riga ya ga ya yi. Maraya ɗan shekara goma sha uku ya tsaya jiran uba ya cece shi, ya tarar babu uba, sai shi. Da a ce ɗalasimin na iya sauya abin da ya wuce, wannan wurin ba zai yi ma'ana ba ko kaɗan, don dukan nauyinsa ya rataya ne a kan cewa dare ɗaya ne tak, kuma Harry na cikinsa sau biyu tun farko. Masana kimiyya ma sun taɓa tunanin irin wannan tsari. A shekarun 1980 masanin nan na Rasha, Igor Novikov, ya kawo ra'ayin cewa in har komawa baya mai yiwuwa ne, to abin da zai iya faruwa kawai shi ne wanda bai ci karo da abin da ya riga ya faru ba.

Akwai kuma farashin da masu sukar littafin ba su cika ambata ba. A wannan daren ne Peter Pettigrew, maci amanar da ya sayar da iyayen Harry, ya rikiɗa ya zama ɓera ya tsere. A zagaye na biyu Harry na laɓe, ya san minti nawa ya rage mutumin ya kuɓuce, yana so ya tare shi, Hermione ta hana. Pettigrew ɗin nan shi ne ya je ya nemo Voldemort, shi ne ya kashe Cedric Diggory a littafi na huɗu, shi ne ya haɗa tsafin da ya dawo wa maigidansa da jiki. Duk jinin da ya zuba a sauran littattafan ta wannan ƙofar ya shigo, alhali majuyin lokaci na rataye a wuyan yarinyar da ke kallo. Saboda haka tambayar nan da ake ta yi a matsayin wayo, wai me ya sa ba su koma sun kashe Voldemort tun yana yaro ba, littafin ya amsa ta tun kafin a yi ta. Ba su koma ba saboda bai mutu yana yaro ba. Bakin alƙalami ya bushe.

Ba zan ce ginin ba shi da tsaga ba. A cikin wannan littafin dai Hermione ta gargaɗi Harry cewa matsafa da dama sun kashe kansu na baya ko na gaba bisa kuskure. Kashe kanka na gaba ba ya karya komai. Amma mutumin da ya kashe kansa na jiya, wa ya wayi gari yau ya juya agogon? Jimla ɗaya ce, amma ta buɗe ƙofar da sauran littafin ya rufe. Ita kanta Rowling ta amsa daga baya cewa ta shiga batun tafiya cikin lokaci da wasa fiye da kima, kuma ta yi ta toshe ramuka. A littafi na biyar, na 2003, ana cikin gumurzu a Ma'aikatar Tsafi sai wata jifa ta kauce ta sami kabad ɗin da aka adana dukan majuyan lokaci. Kabad ɗin ya faɗi ya tarwatse, ya haɗe kansa ya koma bango, ya sake faɗowa, haka har abada, babu mai iya ɗaukar ko ɗaya. Ka lura da daren da ta zaɓa: daren da ta kashe Sirius, mutumin da aka ceta da agogon shekara biyu kafin nan. Ta fasa kayan aikin kafin mai karatu ya buɗe baki ya ce a juya. A littafi na shida ma sai da ta sa Hermione ta sake nanata cewa an fasa su duka, kamar mai kulle ƙofa ya dawo ya girgiza kwaɗon.

Sannan a Pottermore ta ƙara iyaka: sa'o'i biyar ne mafi nisan da za a koma ba tare da mummunar illa ba. Ta kuma ƙago labarin wata matsafiya, Eloise Mintumble, wadda gwaji ya kai ta shekarar 1402 daga 1899, ta maƙale kwana biyar, da aka dawo da ita jikinta ya tsufa da ƙarni biyar ta mutu. Mutum ashirin da biyar daga zuriyar waɗanda ta haɗu da su suka ɓace kamar ba a taɓa haihuwarsu ba, Talatar da ta biyo baya ta yi kwana biyu da rabi, Alhamis kuma ta wuce cikin sa'o'i huɗu. Labari ne mai daɗi, ina son Alhamis ɗin nan musamman, amma a ganina gyaran gangar auzinawa ne. Don ta tsoratar da mu daga komawa nesa, sai ta amince cewa komawa nesa na sauya tarihi. Da ta tsaya a kan dokarta ta farko, da ba ta buƙaci tsoratarwa ba.

Ta wannan tsagar ce wasan kwaikwayon 2016 ya shigo ya rushe katangar gaba ɗaya. Harry Potter and the Cursed Child, wanda Jack Thorne ya rubuta a kan labarin da suka tsara tare da Rowling da John Tiffany, an fara nuna shi a Landan, kuma a 2017 ya kwashe lambobin yabo na Olivier guda tara. Ban musa gwanintar dandamali ba. Labarin nake tuhuma. An ce ashe akwai wani majuyin lokaci, wanda ke kai mutum shekaru baya na tsawon minti biyar. Albus, ɗan Harry, da abokinsa Scorpius, ɗan Draco Malfoy, suka sace shi don su hana mutuwar Cedric Diggory. Tafiyar farko ta haifar da duniyar da Ron ya auri wata, Hermione ta zama malama mai ɗacin rai. Ta biyu ta fi muni: sun kunyata Cedric a gaban jama'a, kunyar ta sa ya bi Voldemort, ya kashe Neville, Voldemort ya ci yaƙi, Harry ya mutu, shi kansa Albus ba a haife shi ba. A wannan baƙar duniyar Snape da Ron da Hermione suka ba da rayukansu don Scorpius ya samu ya koma ya gyara. Ya gyara, aka goge komai.

Tsaya a kan kalmar gogewa. Mutum uku sun mutu a gabanka, an kaɗa maka kiɗan baƙin ciki, bayan ɗan lokaci biyu daga cikinsu suna tsaye lafiya ƙalau ba su ma san an yi ba. Wace sadaukarwa ce wannan? Ga kuma cin zarafin da aka yi wa Cedric, yaron da littafi na huɗu ya gina a kan adalci har ya ƙi ɗaukar kofi shi kaɗai, yanzu an ce dariyar rana ɗaya ta isa ta mayar da shi mai kisan kai. Amma mafi muni yana nan gaba. Da mugunyar labarin, Delphi, ta kai yaran 1981 ta farfasa agogon, suka maƙale babu hanyar dawowa, sai Draco ya sa hannu a aljihu ya fito da wani majuyin, wanda ya fi na farko kyau, ba shi ma da iyakar minti biyar, wai yana ajiye a gidansu tun zamanin mahaifinsa. An fasa su duka a 2003, sai ga ɗaya. An fasa wannan, sai ga wani. Mai sauraron da aka yi wa haka sau biyu ba zai sake jin tsoron wata rufaffiyar ƙofa a wannan duniyar ba.

Ɓarnar kuma ba ta tsaya a wasan ba, ta koma baya ta ci littattafai bakwai. Kafin 2016, mutuwar Fred da Lupin da Tonks da Dobby abu ne da ya wuce ikon kowa. Bayan 2016, kowace ɗaya daga cikinsu ta zama mutuwar da wani ya ga dama ya bari, tunda maganinta na kwance a gidan Malfoy.

Yanzu ga masu cewa ai tatsuniya ce. Ina roƙonsu su tuna tatsuniyar da aka yi musu a tsakar gida. Da 'yar bora ta je Ruwan Bagaja, an ba ta ƙwai tare da sharaɗin inda za ta fasa shi, ta kiyaye, ta dawo da arziki. 'Yar mowa ta bi sahu, ta raina sharaɗin, ta dawo da abin kunya. Cire sharaɗin ka gani ko akwai sauran labari. Gizo kansa, duk sa'ad da ya samu wani abin al'ajabi, da ƙa'idarsa yake zuwa, kuma haɗamarsa ce ke sa ya taka ta ya kwana a ciki. Ko a camfe-camfen mafarauta da 'yan tauri, inda ake zancen layar zana da baduhu da kau-da-bara da sagau, ba za ka ji an ambaci asiri ba tare da an ce yana da abin da ke karya shi. Kalmar makari ba don ado aka ƙirƙire ta ba. Kakanninmu da ba su taɓa jin sunan Rowling ba sun san cewa ƙarya ma tana da doka, kuma yaro ɗan shekara bakwai zai katse ki ya ce ba haka aka ce ɗazu ba, in kika sauya ta a tsakiya. Wanda ya yarda da tsintsiya mai tashi ya yarda ne da sharaɗi guda: a gaya masa abin da za ta iya da wanda ba za ta iya ba, sannan a tsaya a kai. Harshenmu ma ya riga ya yanke hukunci a kan jiya. Da na sani ƙeya ce, a baya take, ba ka ganinta balle ka gyara ta. Rabin abin da ke sa labari ya taɓa zuciya daga nan yake fitowa, kuma shi ne daidai abin da ɗalasimin mayar da jiya ke kashewa in aka sake shi ba linzami.

Masu fim a Amurka sun daɗe da wannan ɗabi'a. A fim ɗin Superman na 1978, girgizar ƙasa ta binne Lois Lane a cikin motarta, jarumin ya yi kururuwa, ya tashi ya yi ta kewaya duniya har lokaci ya koma baya, ya dawo ya tarar da ita tana mitar man mota. An gaya mana mahaifinsa ya hana shi tsoma hannu a tarihin 'yan Adam, ya tsoma, fim ya ƙare babu abin da ya same shi. Kwatanta da Avengers: Infinity War na 2018. Wanda ta fasa dutsen da ke goshin masoyinta Vision da hannunta, ta kashe shi don kada Thanos ya samu. Thanos ya iso, ya murɗa lokaci baya da nasa dutsen, ya dawo da Vision, ya ɓalle dutsen daga goshinsa, ya sake kashe shi a gabanta. Iko iri ɗaya ne, amma a nan ya ninka baƙin ciki maimakon ya share shi, don a hannun abokin gaba yake. Marubucin almara ɗan Amurka, Brandon Sanderson, ya tsara wannan a wata maƙala ta 2007 da ta shahara a tsakanin marubuta: gwargwadon yadda mai karatu ya fahimci dokar tsafi, gwargwadon yadda marubuci ke da izinin warware matsala da shi. Ka jefa jarumi a rami da tsafin da ba a san kansa ba, babu laifi. Fitar da shi da irin wannan tsafin ne sata.

Abin mamaki, waɗanda suka fi kowa riƙon amana a wannan fage masu tsara wasanni ne. Dungeons & Dragons wasa ne da Gary Gygax da Dave Arneson suka fitar a 1974, inda mutane ke zama a tebur, kowa ya ɗauki jarumi guda, ɗaya ya zama mai ba da labari kuma alƙali, ana jefa 'ya'yan ludo don yanke abin da ya faru. A cikinsa akwai ɗalasimin tsayar da lokaci, Time Stop, a mataki na tara, wanda babu na sama da shi. Matsafi ba ya kaiwa gare shi sai ya hau daraja ta goma sha bakwai cikin ashirin, kuma sau ɗaya zai yi kafin ya yi dogon hutu. To me yake samu bayan duk wannan wahala? A dokokin bugun 2014, zai jefa ɗan ludo mai fuska huɗu ya ƙara ɗaya, abin da ya fito shi ne yawan zagayen da zai yi shi kaɗai kowa na sandare. Zagaye biyu zuwa biyar ke nan, kowane zagaye daƙiƙa shida, wato rabin minti in sa'a ta yi kyau. Kuma da zarar ya taɓa wani da aikinsa, ko ya taɓa abin da wani ke sanye da shi ko yake riƙe da shi, ko ya yi nisan da ya wuce ƙafa dubu, shi ke nan lokaci ya ci gaba. Ba zai iya zagayawa ya yanka maƙiyansa suna tsaye ba. Zai iya shan magani, ya kafa garkuwa, ya gina katanga, ya gudu.

'Yan wasa da yawa na ƙorafin cewa ɗalasimin ya yi rauni ga matakinsa. Ni ina bayan masu dokar. Dalilin gaskiyarsu kuwa a fili yake: a tebur akwai wasu mutane huɗu ko biyar da za su tashi su tafi gida in mutum ɗaya ya samu ikon gama kowane faɗa shi kaɗai. Mai tsara wasa yana fuskantar waɗanda zai cuta ido da ido. Marubucin littafi shi kaɗai ne a ɗakinsa, mai karatu ba ya nan balle ya buga tebur, shi ya sa jarabar ta fi yi masa sauƙi.

Sanderson ya nuna abin da iyaka ke iya haifarwa a littafinsa The Alloy of Law na 2011. A wannan duniyar mutane na haɗiye ƙarafa su sami iko daga gare su. Wata budurwa, Marasi, nata ikon shi ne ta kafa wani da'ira inda lokaci ke tafiyar hawainiya a ciki, duniya na gudu a waje. Kunyar abin take ji, don wa ke son ya zama mai nawa a fagen fama? A ƙarshen littafin jarumin ya fuskanci mutumin da duk raunin da aka yi masa warkewa yake nan take, ba a iya kashe shi. Sai ya tsaya yana shan duka a hannunsa, Marasi ta rufe su da da'irarta. Mintocin da suka yi a ciki sa'o'i ne a waje, isassu abokinsu ya je ya tattaro 'yan sanda su yi wa wurin zobe. An gaya mana dokar tun kafin a zo nan, an ma yi mata dariya, sannan ita ce ta ci yaƙin. Babu abin da aka zaro daga aljihu.

Ina faɗin duk wannan ne da ido ɗaya a kan gida. Marubutanmu na labaran yaƙi da aljanu da matsafa, na takarda da masu sakin babi-babi a Wattpad da WhatsApp, suna da masu karatu masu yawa, kuma waɗannan fina-finan da littattafan suna cikin abin da suke sha. Duk wanda ya saba karanta su ya san wurin nan da jarumi ke shiga tsaka mai wuya, sai boka ya karanto wasu ɗalasimai da ba a taɓa ambata ba, komai ya warware. Ƙanin wannan shi ne a kashe mutane a fim, a yi zaman makoki, sannan wani ya farka a firgice a ce ashe mafarki ne. Mai sakin labari kullum babi guda ya fi kowa shiga wannan haɗari, don ya kashe jaruma ranar Litinin, masu karatu su yi masa ca a sharhi, ranar Laraba ya nemi hanyar dawo da ita. Tsafin juya lokaci shi ne mafi arhar hanyar. In har za a ɗauko shi, to a rubuta dokarsa kafin a rubuta babin farko: sa'a nawa yake kaiwa, me yake ci daga jikin mai shi, wane ne ba zai taɓa dawowa ba ko an juya sau dubu. Sannan a bar mai karatu ya san dokar tun kafin ranar da za a buƙace ta.

Saura hujja mafi ƙarfi da masu kare wasan 2016 ke da ita, kuma ba zan yi kamar ban gan ta ba. Suna cewa ai wasan ma a kan wannan darasin ya ƙare. A daren 31 ga Oktoba 1981, a ƙauyen Godric's Hollow, Harry na tsaye da matarsa da ɗansa, yana da shekara arba'in, yana da ikon shiga tsakani, ya tsaya yana ji ana kashe uwarsa da ubansa bai motsa ba. Suna cewa wannan ya fi na 1999 nauyi, don a can ba zai iya ba ne, a nan kuwa zai iya ya ƙi. Na yarda shi ne wuri mafi kyau a wasan. Amma me ya sa ya ƙi? Saboda an nuna masa sau biyu cewa duk wanda ya taɓa jiya, yau ɗinsa lalacewa take yi. Wa ya sa ta lalace? Marubuci. Babu wata doka a tsarin tsafin da ta ce ceton Cedric dole ya haifar da mulkin Voldemort. An zaɓi mafi munin sakamako ne aka jera, har aka lanƙwasa halin yaron kirki don lissafin ya fita, kamar mai awo da ya ɗora yatsa a kan sikeli yana rantsuwa cewa nauyin kayan ke nan. Da wani marubucin ne ya riƙe alƙalamin, da ya tsara tafiyar da za ta ceci Cedric ba tare da kowa ya yi ko tari ba, kuma babu abin da ke cikin wasan da zai ƙaryata shi. A 1999 Harry ya bar Pettigrew ya tsere ne don daren ba shi da wata siffa sai wadda ya riga ya gani da idonsa. A 2016 ya bar iyayensa suka mutu don Jack Thorne ya tsorata shi, ga kuma agogon Draco a hannunsu, lafiyarsa ƙalau, yana jiran ya mayar da su gida.